Lissafi: mu muka ƙirƙire shi ko tarar da shi muka yi?

Sadiq_AB:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Akwai tambayar da ta tsaya min a rai kuma na san zauren nan ba a rasa masana. Shin lissafi abu ne da ɗan Adam ya zauna ya ƙirƙira ko kuwa dama can yana nan, mu dai gano shi muke yi? Misali lamba 7 ba ta rabuwa da komai sai 1 da ita kanta. To da a ce ba a halicci mutum ko ɗaya ba, 7 ɗin za ta ci gaba da zama haka? In eh, a ina take zaune tunda ba a ganinta ba a taɓa ta? In kuma mu muka ƙirƙira, ya aka yi abin da ya fito daga kanmu yake faɗa mana ranar da za a yi husufin rana da sa'ar da za a yi shi tun shekaru kafin ya zo? Kimiyya kacokan a kan lissafi ta jingina, to shi lissafin a kan me ya jingina?

Abbakar99:
Wa alaikumus salam. Ƙirƙira ce mana, meye abin wahala a nan. Mutane ne suka zauna suka ce wannan alamar sunanta bakwai, da sun ga dama da sun sa mata wani sunan.

Ummu_Hanan:
@Abbakar99 ɗan uwa kana haɗa alama da lamba. Rumawa VII suke rubutawa, Larabawa da tasu alamar daban, wannan kam ƙirƙira ce ba musu. Amma ka ɗauki tsakuwa bakwai ka yi ƙoƙarin jera su layi-layi kowane layi daidai da ɗan uwansa, bibbiyu ko uku-uku, dole ɗaya ta yi saura. Ko me ka kira su haka za su yi maka. Akwai ma wani ƙwaro mai kuka kamar gyare a Amurka da yake zama a ƙarƙashin ƙasa shekara 13 ko 17 kafin ya fito, duka biyun lambobin da ba sa rabuwa ne, kuma masana da yawa na ganin hakan na taimaka masa kada fitowarsa ta riƙa haɗuwa da ta wasu. Shi ƙwaron ai bai shiga aji ba.

Injiniya_Kabiru:
Ni mutum ne mai aiki da lissafi kullum, kuma abin da na gani shine kayan aiki ne. Inda ya yi aiki mu riƙe, inda bai yi ba mu canza. Ɗigon ruwa ɗaya ka ɗora masa wani ɗigon, ɗaya za ka gani ba biyu ba. Ruwa lita ɗaya da sifirit lita ɗaya in ka gauraya su ba sa cika lita biyu cif. Kenan 1+1=2 ba dokar duniya ba ce, mu ne muke zaɓar inda ta dace.

Ummu_Hanan:
Amma Injiniya da ka ga ruwa da sifirit ba su cika lita biyu ba, ka ce lissafi ya yi ƙarya ko kuwa ka je neman inda sauran ya shiga? Kowa na biyun yake yi. Wannan kaɗai ya nuna ba a gwada 1+1 da gwaji, shi ake gwada gwajin da shi.

Malam_Tukur:
Ku ba ni dama in ɗan yi tsawo, domin tambayar Sadiq ta ƙarshe ita ce mai nauyi kuma tana da tarihi. Wajen shekara 300 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), a Iskandariyya, Iklidis ya tattara ilimin awon siffofi ya gina shi a kan ƙa'idoji guda biyar waɗanda ya ce a karɓe su haka nan ba hujja. Huɗu na farko ba mai jayayya da su, kamar cewa tsakanin ɗigo biyu ana iya jan miƙaƙƙen layi. Ta biyar ce ta zama ƙarfen ƙafa. A sauƙaƙe tana cewa in kana da layi da wani ɗigo a gefensa, layi ɗaya tak za ka iya ja ta kan ɗigon wanda har abada ba zai haɗu da na farkon ba. Masana suka ji wannan ta yi kama da abin da ya kamata a kawo wa hujja ba a karɓa kawai ba. Ibnul Haisam ya gwada, Umar Khayyam ya gwada, Nasiruddin Tusi ya gwada, daga baya Turawa suka ɗora, kusan shekara dubu biyu ana abu ɗaya. Duk wanda ya ce ya samu, in aka bincika sai a tarar ya shigo da ita kanta ƙa'idar ta bayan gida cikin wata rigar.
Sai Lobachevsky a Rasha a 1829 da Bolyai ɗan Hungary a 1832, kowa shi kaɗai, suka ce bari mu ɗauka ƙa'idar ba haka take ba mu ga inda ginin zai rushe. Bai rushe ba. Wani sabon ilimin siffofi ne ya fito cikakke, wanda a cikinsa kusurwoyin alwatika ba sa kai digiri 180. Tun daga ranar kalmar "gaskiya" a lissafi ta canza zama. Abin da malamin lissafi yake tabbatarwa shine in ka yarda da kaza da kaza, to dole kaza. Ita "in" ɗin nan ba shi da hujjarta.

Zee_Fiziks:
Wanda yake son ya ga maganar Malam da idonsa ya samu ƙwallo da biro. Ka sa ɗigo a samanta, ka ja layi ya sauko har tsakiyar cikinta, ka yi kwana sosai kamar kusurwar littafi ka bi tsakiyar har kwatan zagayen, ka sake kwana ka haura ka koma ɗigon farko. Alwatika ce ka zana, gefe uku, amma kowace kusurwa digiri 90, jimla 270. Riemann ne ya shimfiɗa lissafin irin waɗannan lanƙwasassun wurare a wata lakca a 1854, lokacin ba wanda ya san amfaninsa. Shekara sittin da ɗaya bayan nan, 1915, Einstein ya tarar shi ne ainihin abin da yake buƙata don ya bayyana ƙarfin da ke jan abu zuwa abu. Wannan ne yake ɗaure min kai wlh, a ɗinka riga tun kafin a san mai sawa kuma ta zo ta zauna masa cif.

Abbakar99:
To kun gani, maganata ce ta fito. In ana iya canza ƙa'ida a samu wani lissafin ai kamar dara ce, mu muke sa dokokin.

Malama_Rabi:
Abbakar dokokin ƙila mu muke sawa amma abin da za su haifa ba a hannunmu yake ba. Ina koyar da lissafi a sakandare, akwai wata ɗaliba da ta tsare ni ta ce Malama wa ya ce mainas sau mainas fulos ne, ita ba za ta haddace ba sai ta ga dalili. Na rubuta mata 3 sau -2 = -6, 2 sau -2 = -4, 1 sau -2 = -2, 0 sau -2 = 0, na ce me kika lura, ta ce kullum ana ƙara biyu, na ce to rubuta na gaba. Da hannunta ta rubuta -1 sau -2 = 2, ta tsaya tana kallonsa. Ba ni na tilasta mata ba, ba kuma wanda ya rubuta littafin ba, in dai kina son ninkawa ta ci gaba da tafiya yadda ta saba to ba wata mafita. Brahmagupta a Indiya ya rubuta wannan dokar tun shekarar 628. A littafin dai ya ce sifili raba sifili sifili ne, wannan kuma aka ƙi karɓa duk girmansa, saboda ba ta zauna da sauran dokokin ba. Da son rai ne ai da an bar masa.

Dan_Falsafa:
Malama kin zo wurin. Sai dai tambayar Sadiq na nan, su dokokin farkon wa ya tabbatar ba sa cin karo da juna? An yi ƙoƙarin a gina lissafi gaba ɗaya a kan mantiƙi tsantsa. Frege Bajamushe ya ƙare rayuwarsa a kan haka, juzu'i na biyu na littafinsa na wurin masu ɗab'i a 1902 sai ga wasiƙa daga Bertrand Russell. Matsalar ana kwatanta ta da mai askin da ya ce zai yi wa duk wanda baya yi wa kansa aski, kuma su kaɗai. To shi wa zai yi masa? In ya yi wa kansa ya karya sharaɗi, in bai yi ba ya shiga cikin waɗanda dole ya yi wa. Russell ya nuna tsarin Frege ya halatta irin wannan rukunin, wato rukunin duk rukunan da ba sa cikin kansu, kuma tsarin da ya haifi tufka da warwara guda ɗaya to komai ma ana iya tabbatarwa a cikinsa. Frege ya amsa cewa tushen gininsa ya girgiza, ya ƙara bayani a ƙarshen littafin. Shi Russell da Whitehead suka sake gini daga 1910 zuwa 1913, juzu'i uku, sai da suka ci ɗaruruwan shafuka kafin su iso 1+1=2.

Haske_2020:
Ni na taɓa ji an ce wani Gödel ya tabbatar lissafi ƙarya ne gaba ɗaya, kenan komai ra'ayi ne kawai, kowa ya riƙe nasa.

Dan_Falsafa:
A'a @Haske_2020 don Allah kar ka yaɗa wannan, ba haka ya ce ba ko kusa. Babban masanin lissafi Bajamushe Hilbert ne ya so a samu jerin ƙa'idoji da za su amsa kowace tambayar lissafi, a kuma tabbatar ba za su taɓa cin karo ba. A Satumban 1930 ya yi jawabi a Königsberg ya rufe da cewa dole mu sani kuma za mu sani, maganar da aka rubuta a kabarinsa. A garin, a wani taro kwana ɗaya kafin jawabin, Gödel yana ɗan shekara 24 ya faɗi sakamakonsa, aka buga a 1931. Abin da ya nuna: duk tsarin da ƙa'idojinsa a jere suke a fili, baya cin karo da kansa, kuma ya kai ƙarfin ɗaukar tarawa da ninkawa, to akwai maganar da ba zai iya tabbatarwa ba ba zai iya ƙaryatawa ba. Na biyu, irin wannan tsarin ba zai iya ba da shaidar lafiyar kansa da kansa ba. Bai ce abin da aka tabbatar ƙarya ne ba. 7 sau 8 na nan 56. Kuma da hujjar lissafi ya tabbatar da hakan, in lissafi ƙarya ne ai tasa hujjar ce farkon faɗuwa.

Najib_CS:
Ƙari kaɗan, sharaɗin ninkawa ɗin nan ba ado ba ne. Presburger ya nuna a 1929 cewa lissafin da tarawa ce kawai a cikinsa ba ninkawa, kowace tambaya tana da amsa kuma inji zai iya fitar da ita. Ana shigo da ninkawa ƙofar ke buɗewa. Turing kuma a 1936 ya nuna ba za a taɓa rubuta manhajar da za ta duba kowace manhaja ta faɗi ko za ta tsaya ko za ta yi ta juyi har abada ba. A wannan takardar ce ya zana injin da ya zama tushen tunanin kwamfuta, kaga neman iyakar lissafi ya haifar da wayar da muke wannan muhawarar da ita.

Alh_Mansur:
Ni a wurina amsar a fili take, Allah ne ya halicci komai bisa awo da ƙididdiga, ya kuma ba mu hankalin da zai gane. Shi ya sa abin da ke kai ya dace da abin da ke sama. Yara ku riƙa tunawa da wannan.

Ustaz_Bashir:
Haka ne Alhaji, Allah ya ƙara girma. Kuma malamanmu ba su guji wannan bahasin ba. Imam Gazali da yake neman ma'anar yaƙini, da lissafi ya buga misali, ya ce ya san goma ta fi uku, ko da wani zai ce uku ce ta fi ya mayar da sanda maciji a gabansa don ya kafa hujja, zai yi mamakin abin da ya yi amma ba zai yi shakkar abin da ya sani ba. Ya kuma gargaɗi masu ƙaryata lissafin husufi da sunan kare addini, ya ce cutar da addinin suke. Amma da ya zo kan sababi sai ya ce in wuta ta taɓa auduga ta ƙone, abin da ido ya gani shine ƙonewa ta faru tare da taɓawar, ido bai ga "dole" ba. Ibn Rushd ya mayar masa da martani mai zafi cewa wanda ya cire sababi ya cire ilimi. David Hume ya zo da kusan irin tambayar Gazali bayan shekara ɗari shida.

Injiniya_Kabiru:
Ustaz to in haka ne kimiyya ba ta da tushe kenan? Mun ƙona auduga sau miliyan ta ƙone, me kuma ake nema.

Malama_Rabi:
Injiniya gwada wannan. Ɗauki lamba ka ninka ta da kanta, ka ƙara ita lambar, ka ƙara 41. Sifili zai ba ka 41, 1 ya ba ka 43, 2 ya ba ka 47, 3 ya ba ka 53, duk ba sa rabuwa. Ka yi ta yi har 39 ba za ta ba ka kunya ba ko sau ɗaya, sau arba'in a jere. Kana sa 40 sai ta ba ka 1681, wato 41 sau 41. Euler ne ya lura da wannan. Shi ya sa a wurinmu yawan misali ba hujja ba ne. Hasashen Goldbach tun 1742 yake, cewa duk lambar da ke rabuwa biyu in ta wuce 2 jimlar lambobi biyu ne marasa rabuwa, kwamfuta ta duba har lambobi masu tsawon gaske ba a samu inda ya saɓa ba, amma har gobe sunansa hasashe. Ku kuma 'yan kimiyya ba ku da abin da ya wuce misalan.

Zee_Fiziks:
Gaskiya ne Malama kuma ba abin kunya ba ne, mu ba mu taɓa cewa muna da irin yaƙininku ba. Popper masanin falsafar kimiyya cewa ya yi kimiyya ba ta tabbatarwa, ƙaryatawa take, tiyori ya faɗi abin da zai faru in bai faru ba a jefar da shi. Amma ko wannan ɗin bai cika zama daidai da yadda ake yi ba, ku ji labarin mutum ɗaya. Duniyar Uranus ta riƙa kaucewa hanyar da lissafin Newton ya ce ta bi. Le Verrier a Faransa bai jefar da Newton ba, ya ce akwai wata duniyar da ba a gani ba take janta, ya zauna da alƙalami ya fitar da inda take ya aika wa Galle a Berlin. Ranar 23 ga Satumba 1846 wasiƙar ta isa, a daren aka saita madubin hangen nesa aka ga Neptune, tazarar bai fi digiri ɗaya daga inda ya ce ba. Sai ga Mercury ita ma tana ɗan kaucewa, kaɗan ƙwarai, a 1859 shi dai Le Verrier ya nuna haka ya sake kawo irin maganin, wata duniya kusa da rana har aka raɗa mata suna Vulcan. Aka yi shekaru ana nema, wasu ma suka ce sun gan ta. Babu ita. Wannan karon Newton ɗin ne da gyara, sai 1915 lissafin Einstein ya fitar da kaucewar daidai. Mutum ɗaya, dabara ɗaya, lissafinsa lafiya lau duka biyun, kuma ba wata doka da za ta gaya masa tun farko wanne ne wanne.

Abbakar99:
Wannan labarin ya shige ni gaskiya. Amma har yanzu ina kan bakana, kuna kirga inda lissafi ya dace ne kuna mantawa da tulin lissafin da ba a taɓa samun inda ya yi amfani ba. In ka ɗinka riga dubu dole wata ta yi wa wani daidai.

Najib_CS:
Akwai ƙamshin gaskiya a nan, sai dai daidai ɗin ne ya yi yawa. Dirac ya rubuta lissafin ilektiron a 1928, lissafin ya fito da amsa ta biyu da ba wanda ya nema, mai nuna akwai wata ƙwaya kishiyar ilektiron, a 1932 Anderson ya ga ƙwayar a gwaji. Hardy a 1940 yana alfahari cewa ilimin lambobi tsantsa ba shi da amfanin yaƙi ko kasuwa, yau da lambobi marasa rabuwa ake kulle saƙonni a intanet. Wigner ya rubuta maƙala a 1960 a kan wannan dacewar, shi da ya ci Nobel a fiziks cewa ya yi kyauta ce da ba mu fahimce ta ba.

Sadiq_AB:
Na gode ƙwarai jama'a, Malam Tukur da Malama Rabi Allah ya saka. Abin da na kasa haɗawa shine, in ganowa muke to kowace tambaya ya kamata tana da amsa a can ko mun sani ko ba mu sani ba. Akwai tambayar da aka tabbatar ƙa'idojinmu ba za su amsa ba, ta gaske ba wadda aka ƙera don misali ba?

Dan_Falsafa:
Akwai, kuma ita ce ta farko a jerin matsaloli 23 na Hilbert na 1900. Cantor ya nuna rashin iyaka ma hawa-hawa ne, lambobin kirge 1, 2, 3 ba su da iyaka, amma ɗigogin da ke kan layi sun fi su yawa ta yadda ba za a iya jera su ɗaya da ɗaya ba. Tambayar ita ce akwai wani hawa a tsakanin biyun? Gödel ya nuna a 1938 ƙa'idojin da aka saba ba za su ƙaryata cewa babu ba, Paul Cohen ya nuna a 1963 ba za su tabbatar ba. Ka ɗauki eh lissafi ya tafi, ka ɗauki a'a ya tafi. Shi Gödel har ya mutu yana ganin akwai amsa ta gaskiya, ƙa'idojinmu ne ba su cika ba, sai mu ƙara duba. Wasu kuma suka ce tambayar tamkar ta layin Iklidis ce, duniyoyi biyu ne ka zaɓi wadda za ka zauna.

Ummu_Hanan:
To ni a nan nake rarrabewa. Tsakuwa bakwai da na ce ɗazu ba mai zaɓa musu, wannan tarar da shi muka yi. Amma hawa-hawan rashin iyaka ban san ko akwai wani abu a can da maganar take nunawa ba. Zai yiwu wani sashe na lissafi ganowa ne wani sashen ƙirƙira?

Malam_Tukur:
'Yata Kronecker ma kusan haka ya ce, cikakkun lambobi na Allah ne sauran aikin mutum ne, kuma da wannan ya yaƙi Cantor. Matsalar ita ce inda za ki ja layin. Murabba'in da kowane gefensa ɗaya ne, tsawon layin da ya ratsa shi daga kusurwa zuwa kusurwa ba cikakkiyar lamba ba ce, ba kuma rabon wata cikakkiyar lamba da wata ba ne, Girkawa sun tabbatar da haka tun kafin Iklidis kuma ba su so ba. Shi a wane ɓangaren za ki sa shi? In kin karɓe shi, ɗigogin layin nan da Cantor ya ƙirga kin riga kin buɗe musu ƙofa.

Ummu_Hanan:
Shi zan karɓa Malam domin ina iya zana shi da rula. Waɗanda nake tababa a kansu sune lambobin da ba mai iya zanawa ko rubuta dokar fitar da su, kuma na ji an ce su ne ma suka fi yawa. @Najib_CS haka ne?

Najib_CS:
Haka ne Yaya. Manhajoji ana iya jera su ɗaya bayan ɗaya kamar 1, 2, 3, ɗigogin layi kuma ba a iyawa, kenan kusan dukkansu ba kwamfutar da za ta taɓa lissafo su. In na tashi daga aiki zan rubuto yadda Cantor ya yi hujjar a 1891, layi kaɗan ce, sai ki duba da kanki ki gaya mana a wane mataki ne kika daina yarda.